Shirun Mutum Uku

Arlit, 1993

Litinin, 26 ga Afrilu, bayan la'asar

An rantse. Na dawo daga Dannet a bayan kamiyo, babbar motar kaya, ƙugu kamar ba nawa ba. Mijina Almu ya ce in rubuta tun ban manta ba, muka yi dariya, don ya san ba na mantuwa. Ciwona ke nan.

Ɓangare uku suka zauna a bakin wata busasshiyar rijiya: mutanen dutse da bindigoginsu, mu mutanen bariki, sai masu garka da makiyaya. Kowane ɓangare yana da mai juyi, wanda in yini ya ɓaci wa mutanensa yake mayar da shi safiya, muddin rana ba ta faɗi ba. Shekara biyu ana haka. A tare hanya a kashe mutane, waɗanda aka kashe wa su juya ranar, su su tare, waɗancan ma su juya. Akwai Alhamis ɗin da muka yi sau goma sha ɗaya. Jama'a ba su sani ba, sai dai su tashi da gajiya su ce zafi ne. Amma rana tana dawowa, ruwan da aka sha a cikinta ba ya komawa rijiya. Haka muka shanye ruwan shekaru cikin fari, raƙuma suna faɗuwa a bakin kwami.

Daga yau babu mai juyawa. Wanda aka juya rana don a cece shi, za a mayar wa ranar abinta. Ba a fassara wannan maganar ba, kuma ba wanda ya tambaya. Ɓangaren da ya ɓoye, sauran biyun sun kuɓuta daga rantsuwa, a koma gidan jiya.

Mu uku ne kaɗai aka samu masu tuna ranar da aka juya, mu aka naɗa shaidu. Ni ta bariki, don dai ba ni da aikin yi tun da kamfanin ma'adini ya sallami masu buga takarda. Baba Amumun na mutanen dutse, tsoho, ido ɗaya ya yi fari. Sai Inna Dassin ta masu garka, doguwa, ba ta murmushi, kuma Hausarta irin ta Abzinawa ce, mace da namiji duk "kai" take ce musu. Kullum da safe mu haɗu a gaban wakilai, kowa ya ce ranar sabuwa ce ko maimai.

Abin da na rubuta da hannuna ba ya gogewa ko an juya. Shi ya sa wannan kayen, littafin rubutuna, yake da Alhamis da yawa a baya.

Talata, 27 ga Afrilu, hantsi

Mun haɗu a ƙarƙashin bishiyar bakin tasha. Sabuwa ce. Minti biyu aka gama. Dassin ta ba ni dabino uku daga ƙullin zanenta ba tare da ta dube ni ba.

Alhamis, 29 ga Afrilu, bayan azahar

Almu zai tafi Tawa jibi da ayarin motoci. Ya wuni ƙarƙashin kamiyo yana waƙa. Ya ce yanzu mutum zai iya tuƙi da sanin cewa hanyar da ya ci ta ciwu ke nan.

Sau biyu aka kawo mini gawarsa bara. Sau biyun duka wani ya juya ranar don nasa dalili, na farka na same shi yana neman silifas ɗinsa. Ban taɓa gaya masa ba. Da na faɗa, da ba zai ƙara hawa mota ba, me za mu ci?

Asabar, 1 ga Mayu, azahar

Ba harbi ba ne ma. Taya ce, ta gaba ta hagu, kusa da mararrabar Imouraren.

Asabar, 1 ga Mayu, magariba

Rana ta faɗi.

Talata, 4 ga Mayu, bayan la'asar

An yi sadakar uku ta Almu. Mata sun watse. Bari in rubuta yadda Asabar ta tafi, sau ɗaya, ba zan sake ba.

Labari ya iso da azahar. Ban yi kuka ba, na duba inuwa, akwai sauran yini. Na ruga wurin Fatahu, mai juyin bariki. Ya rufe ƙofa ya ce, "Zinariya, ni ba na ƙi. Ki kawo mini shirun mutum uku, ni kuma in ba ki safiya."

Na sami Baba Amumun yana shan shayi a bayan masallaci. Ya daɗe yana juya kofi. Ya ce, "'Yata, ni tsoho ne, tunanina yana zuwa yana tafiya. In ku biyu kun yi shiru, na manta. In ɗaya ta yi magana, na tuna."

Saura ita. Na tafi garkarta da ƙafa, babu takalmi, ban ma san na zubar da su ba. Na same ta tana tsinkar tumatir. Na durƙusa. Na ce ba yaƙi ba ne, ba wanda zai yi hasara, taya ce kawai, kalma ɗaya zan gaya masa da safe ya canza ta. Na kama ƙafarta. Na kira ta Inna, na kira ta uwata.

Ta ajiye kwando. Ta ce, "Kwana biyar da rantsuwa, Zinariya. In mun buɗe ƙofa saboda naka, gobe kowa yana da nasa. Dubi rijiyata, igiya uku na ƙulla. Kwanansa ne ya ƙare. Ka yi haƙuri."

Na zauna a wurin har inuwar dabino ta haye ni ta wuce. Ba ta kore ni ba. Ta ci gaba da tsinkar tumatir.

Alhamis, 6 ga Mayu, hantsi

Tun da ina takaba, yanzu a ƙofata ake haɗuwa. Ina daga ciki, suna daga waje da wakilai. Sabuwa ce. Wakilin bariki ya yaba mini, ya ce labari ya kai har dutse cewa shaidar gari ta binne mijinta ba ta karya rantsuwa ba. Na ce na gode.

Dassin ta tsaya bayan kowa ya tafi. Na ga ƙafafunta ta ƙasan labule. Na bar su nan har suka gaji.

Asabar, 8 ga Mayu, bayan azahar

Ta aiko ɗanta da albasa da tumatir. Aghali sunansa, shi ke nan gareta, bai fi ashirin da huɗu ba, bara ya yi aure. Yana cikin waɗanda suka ɗauki makarar Almu, in ji mata. Ya tsaya daga waje ya yi sallama, ya ce, "Yaya, ƙyauren nan naki ya saki. In kin yarda in dawo da guduma."

Ya dawo ya gyara. Yana bugawa yana ba ni labarin wani raƙuminsu da ya koyi buɗe buhun gero. Na ji bakina yana so ya motsa, na hana shi.

Tumatir ɗin na zuba wa akuyar maƙwabta.

Litinin, 10 ga Mayu, safe

Sabuwa ce. Ta gaba ta hagu.

Talata, 11 ga Mayu, bayan azahar

Rijiyar garkar Dassin ta rufta da hantsi. Aghali yana ciki yana ƙara mata zurfi. Sai da azahar suka kai gare shi. Maƙwabciyata ta je ta gani, ta ce bakinsa cike da yashi, hannunsa ɗaya yana riƙe da igiya. Ta ce uwar ba ta yi kuka ba, ta dai ɗaga kai ta dubi sama.

Na san abin da take dubawa.

Na ɗora tukunya. Ban ci abin kirki ba tun ranar Asabar ɗin, yau na ji ina so.

Talata, 11 ga Mayu, safe

Na farka na ji mai gurasa yana kira da irin muryar jiya, a daidai wurin da tari ya sarƙe shi jiya. Tukunyar da na dafa a wanke take a kife. Tulu kuwa ya ragu.

Suka zo. Baba Amumun yana duban ƙasa da idonsa mai gani. Wakili ya tambaya. Dassin ta ce sabuwa ce, muryarta ba ta ko girgiza ba. Amumun ya ce bari 'yarsa ta riga shi. Na ɗaga labule kaɗan don in ga fuskarta. Leɓenta ya bushe ya tsage. Na bar ta tana jira. Wakili ya sake tambaya.

Na ce sabuwa ce.

Ban san dalili ba. Ba tausayi ba ne, wannan na sani.

Talata, 11 ga Mayu, la'asar

Dassin ta aiki Aghali kasuwar Akokan sayar da albasa tun da sassafe. Rijiya ta rufta da hantsi, ba kowa a ciki. Gari ya ɗauka, ana ta yi mata barka, an ce yaron nan da sauran shan ruwa a gaba. Illi maƙeri, mai juyin masu garka, ya kwanta ciwon kai.

Laraba, 12 ga Mayu, bayan azahar

Dassin ta zo ita kaɗai. Na ce ta shigo. Ta zauna a ƙasa ko da yake akwai tabarma.

Ta ce, "Ka rufa mini asiri, Allah ya rufa naka."

Na ce, "Wane asiri, Inna? Rana ce sabuwa, ke kika faɗa."

Ta ce, "Zinariya."

Na ce, "Kwana nawa yau da rantsuwa?"

Na ce ta ƙidaya. Ta ƙidaya a yatsu kamar 'yar makaranta. Na ce to, ashe rantsuwa tana da kwanakin da take nuna kamar tumatir, tawa ɗanya ce, tata ta nuna.

Ta ce me nake so. Na ce ba na son komai. Gaskiya na faɗa. Sai da ta miƙe na ce kayan takabata sun yi datti, kuma bayana yana ciwo.

Juma'a, 14 ga Mayu, la'asar

Ta wanke. Ta share tsakar gida. Ta bi layin famfo da tuluna tun hantsi, yanzu sau ɗaya ake sakin ruwa a unguwarmu ta Bukoki, kuma tun Talata ya zama kamar fitsarin jariri. Mutane suna cewa dubi kirkin matar nan. Wata har ta ce mini na yi dace da uwa.

Na sa ta maimaita abin da ta gaya mini a garka. Ta ce ta manta. Na ce mu ba ma mantuwa. Ta faɗa, a tsaye, da tsintsiya a hannu. Da ta zo kan "kwanansa ne ya ƙare" muryarta ta maƙale. Na ce ban ji ba.

Lahadi, 16 ga Mayu, safe

Sabuwa ce. Kowace safiya ina ɗan jinkirtawa kafin in faɗa. Yau na ƙirga numfashinta, bakwai.

Talata, 18 ga Mayu, bayan azahar

Aghali ya kawo gawayi. Ya ce uwarsa ta hana shi kusantar kowace rijiya, har makiyaya suna yi masa dariya. Ya ce, "Yaya, ke da take jin maganarki, ki ce mata ni ba jariri ba ne." Matarsa tana da ciki wata biyar, shi ya gaya mini, yana sosa ƙeya.

Ina ta duban bakinsa ta gefen labule. Haƙoransa farare. Babu yashi ko ƙwaya ɗaya.

Almu ya bar rabin sabulun askinsa a kan taga. Ya tsage da zafi.

Alhamis, 20 ga Mayu, magariba

Ta kawo mini sarƙarta ta azurfa, ta uwarta ce, ta ce. Na rataya wa akuyar maƙwabta, ta yini tana yawo da ita a lungu. Dassin ta gani da ta fito da shara. Ta ciro ta daga wuyan akuya, ta goge da zanenta, ta sake ajiye mini a bakin ƙofa.

Na ɗauka zan ƙoshi. Kamar mai shan ruwan gishiri.

Lahadi, 23 ga Mayu, azahar

Aghali ya zo da hantsi da kankana ɗaya, ta farko a garkarsu. Ya ce a yi wa Almu sadaka da ita. Ya zauna a dakalin waje yana hira, yana cewa Almu ya taɓa ɗauko shi daga Agadas kyauta. Sai ya ce, "Mutumin kirki. Sai dai haƙuri, Yaya. Kwanansa ne ya ƙare."

Ba da mugunta ya faɗa ba. Kowa haka yake faɗa.

Ban san lokacin da na ɗaga labule ba. Na gaya masa Talatar da aka juya saboda shi.

Ya saurara har ƙarshe. Ya tambayi abu ɗaya, "Da hantsi?" Na ce da hantsi. Ya dubi tafin hannunsa, ya juya shi. Ya tashi ya tafi ya bar takalminsa ɗaya.

Lahadi, 23 ga Mayu, bayan la'asar

Dassin ta shigo ba sallama, lulluɓinta a kafaɗa. Ta ce ya je gida ya yi alwala, ya ce gobe da safe zai miƙa kansa ga wakilai. Ya ce dattawansu sun dafa Alƙur'ani, ba zai zama shi ne dalilin da za a koma shanye rijiyoyi ba. Ta kulle shi a ɗaki. Yana ciki yana karatu.

Ta faɗi a gabana, goshinta a kan ƙafata. Ta ce, "Illi ya yarda. Akwai sauran rana. Zai manta abin da ka gaya masa, kamar ba ka faɗa ba. Ni na zalunce ka, ni. Ka yanka ni. Shi me ya yi? Ƙyaurenka ya gyara."

Na yi kuka. Yau na fara kukan Almu, a kan bayan matar nan. Na tuna yadda yaron ya juya tafin hannunsa. Na ce ta tashi. Na ce na yarda, ta je, ta yi sauri. Na rantse mata da Allah zan kama bakina.

Da zuciya ɗaya na rantse. Ina so a san wannan.

Lahadi, 23 ga Mayu, safe

Babu takalmi a dakali. Suka zo, muka ce sabuwa ce, mu uku, ban jinkirta ba. Dassin ta taɓa labulena da yatsa kafin ta tafi. Ta ce yau ba zai zo ba, ta ba shi aikin shinge a garka.

Na ji sanyi a ƙirji kamar an sauke mini kaya. Na share ɗaki da kaina. Na jefar da sabulun.

Lahadi, 23 ga Mayu, azahar

Famfo bai zo ba sam. Mata sun dawo da tuluna a bushe suna zagin kamfani. Wata jaririya a lungun baya ta suma.

Sau biyu ke nan.

Nata sau biyu. Ta ce igiya uku ta ƙulla. Ta ce gobe kowa yana da nasa. Yanzu ruwan unguwa guda ya tafi sau biyu saboda nata, ni kuma kalma ɗaya na roƙa, taya ɗaya.

Zan kwanta. Zafi ne.

Lahadi, 23 ga Mayu, magariba

Na fita. Mai takaba ba ta fita, na sani. Mutane sun yi ta kaucewa daga hanya suna kallo.

Garka tana da nisa. Ban yi sauri ba, ban kuma yi nawa ba. Ban zaɓi lokacin ba, haka dai ya zo, rana ta riga ta yi ja ta sauka kan tulin ƙasar ma'adini sa'ad da na isa. Uwar tana can ƙarshen garka tana ba raƙumi ciyawa. Shi yana ɗaure shinge da waya a baki.

Ya gan ni ya yi murmushi. Ya cire wayar ya ce, "Yaya, lafiya? Ga kankana na ajiye miki, gobe zan kawo."

Bai ce komai a kan Almu ba. Wannan karon bai ce komai ba.

Da ta hango mu ta taho a guje, ta faɗi, ta tashi. Kafin ta iso na gama gaya masa. Ta dubi yamma, ni ma na duba. Gidan Illi tafiyar rabin awa ne.

Ya ce, "Da hantsi?"

Litinin, 24 ga Mayu, hantsi

Aghali ya zo da kansa, ya tsaya a ƙofata a gaban wakilai, da farar riga da rawani sabon naɗi. Ya ce a mafarki aka nuna masa. Bai ambaci kowa ba. Wakili ya juyo gare mu. Na ce Talatar maimai ce. Baba Amumun ya ce yanzu ya tuna.

Lahadin ba wanda ya tambaya.

Aka tambaye mu me ya sa muka yi shiru. Amumun ya ce tsufa. Ni na ce takaba ta ruɗa ni. Ita ɗanta kawai take kallo. Wakilin dutse ya so a hukunta mu, na bariki ya ce to a ina za a samo wasu ukun? Magana ta mutu a nan. Illi ya gudu tun asuba, an ce ya yi arewa.

Laraba, 26 ga Mayu, bayan la'asar

Sun yanke. Mutanensa ne za su kai shi, don kada a ce wani ɓangare ya taɓa jinin wani. Gobe, a kan raƙumi, yamma da Dannet, kwana biyu. Raƙumin da salka za su dawo, shi a bar shi can.

Ya roƙi a bar shi ya yi magana da ni. Ya zauna a dakali, mutum biyu suna tsaye nesa kaɗan.

Ya ce, "Yaya, ina da tambaya. Inna ta ƙi faɗa. Waccan ranar, na daɗe a ciki da rai?"

Na ce ban sani ba, ba na wurin.

"Amma an ce miki."

Na ce an ce nan take ne. Ban san ko gaskiya ba ne. Hannunsa yana riƙe da igiya.

Ya ce alhamdu lillahi. Sai ya ce, "Kwana goma sha biyar aka ƙara mini ban sani ba. Da na sani da ban ɓata su a faɗa da Inna kan rijiya ba." Ya ce in yafe wa uwarsa, ya ji abin da ya faru a kan Almu. Ya ce ƙusar sama ta ƙyaure ba ta kama da kyau ba, in sa wani ya duba kafin iska ta fara.

Na jira ya tambaye ni me ya sa. Na tanadi amsa. Bai tambaya ba.

Alhamis, 27 ga Mayu, safe

Sabuwa ce. Dassin ba ta zo ba, aka karɓi bakin mutum biyu.

Asabar, 29 ga Mayu, azahar

Gari yana ta yabon yarjejeniya. An ce ta sha gwaji biyu ta tsaya, na mijin shaida da na ɗan shaida. An ce mutanen dutse sun bar ayari ya wuce zuwa Tawa ba harbi. Famfo ya zo, har na cika tulu biyu.

Zafin yau ya fi na kullum. Ƙarfe ba ya taɓuwa. Na zuba ruwa a kofi na ajiye a rana in ga yadda zai yi.

Litinin, 31 ga Mayu, magariba

Raƙumin ya dawo. An ce matar Aghali ta koma gidan iyayenta a Timiya.

Na ci tuwo. Na yi barcin rana, ban yi mafarki ba. Ina ta sauraren cikina kamar mai jiran naƙuda, ko wani abu zai motsa.

Talata, 1 ga Yuni, ranar Layya, bayan azahar

Gidana ya cika da mata masu kawo wa mai takaba nama. Suna zaune suna hira sai Dassin ta yi sallama. Ta rame, zane yana yawo a jikinta. Ta ajiye akushi a gabana, cinya ce guda, ta ragon da ɗanta ya kiwata don Sallah. Ta ce shi ya bar wasiyya a kawo mini.

Ta tsuguna har fuskarta ta zo daidai tawa. Ta ce daga gobe za ta dawo bakin aiki, kowace safiya, ba fashi. Ta kama hannuna biyu, tafinta kamar itace, ta ɗaga murya yadda kowa zai ji.

"Allah ya ja kwananka, Zinariya. Allah ya ba ka tsawon rai, da lafiya, da hankali garau, har ka ga tsufan da ba wanda ya taɓa gani. Kada ya rage maka ko yini ɗaya."

Matan suka ce amin, wasu suna share hawaye, suna cewa wannan ita ce musulma. Ba ta saki hannuna ba. Tana jira.

Na ce amin.